Ranar da Turancin Ƙadri Ya Lalace

Ƙadri mai ɗinkin buhu taubashina ne, uwarsa da ubana ciki ɗaya suka fito, don haka duk abin da na faɗa a kansa ba mai kai ni ƙara. Tun muna yara a Korgom nake tsokanarsa yana bi na da takalmi, har muka yi furfura ba mu bari ba. Mutum ne dogo, siriri, mai wuya kamar na zalɓe, wanda in ya ɗinke bakin buhu ko ɓera sai ya nemi wata ƙofa. Ni tela ne, sunana Talle, ina ɗinka wa mutane riguna, shi yana ɗinka wa gyaɗa. Har ya mutu yana cewa masu kawo masa aiki sun fi nawa hankali, don buhu bai taɓa dawowa ya ce an matse masa wuya ba.

A shekarun da gyaɗa ta yi daraja, kafin mulkin kai da bayansa, da kaka ta yi sai a kafa sikeli a bakin kasuwa, buhuna su taru har su fi bangon masallaci tsawo. Manyan motoci, waɗanda muke ce wa kamiyo, suna shigowa daga Najeriya su kwashe su kai wa jirgin ƙasa a Kano. Mu a lokacin ba ma cewa Najeriya, Ingilishi muke cewa, mu kuma nan Faransi. Ƙadri yana zaune gindin sikeli da basillarsa, igiya rataye a wuya, duk buhun da aka auna sai ya biyo ta hannunsa.

Ɗansa na fari Mamudu ne. Da aka yaye shi, ƙanwar Ƙadri, Jummai, wadda ke aure a Katsina, ta zo ta goye shi ta tafi, kamar yadda ake yi da ɗan fari. Can aka sa shi makarantar boko ta Ingilishi, ya yi ta karatu har shi ma ya zama malamin makaranta. Kowa ya san kunyar ɗan fari: ba ka faɗin sunansa, ba ka zama hira da shi, ba ka tsura masa ido. To, kowa yana yi, amma Ƙadri ya yi ta har ta fi ƙarfinsa. In yaron ya zo hutu, Ƙadri sai ya saɓa fartanya ya nufi gona, ko da rani ne, ko kara ɗaya babu a tsaye. In wani mai suna Mamudu ya kawo gyaɗa sikeli, sai ya kira shi mai jan jaki ko mai baƙar hula. Ɗan nasa kuwa “na Katsina” yake ce masa, shi ma da ƙyar.

Amma ni na san abin da ke cikinsa, don da yaron ya koma sai ya biyo rumfata, ya zauna yana wasa da ƙyallaye, ya daɗe kafin ya ce, “Na Katsina ya yi tsawo?”

In ce ya yi.

“Da wa yay yi kama?”

In ce da jakinsa, musamman wajen kunne. Ya jefe ni da ƙyalle ya tashi. Baɗi ya sake dawowa da tambayar nan. Mutum ya haifi ɗa har ya yi gemu, bai san fuskarsa ba sai ta gefen ido, kuma abin yana cin sa.

Abin da ya buɗe masa hanya, a bakin sikeli ya faru. Malamin lakwal ɗinmu, wato makarantar boko ta Faransi, Mushe Gado (mushe shi ne malam a bakin Faransa), shi ma ɗan fari ne, ubansa kuma tsohon sojan Faransa. Wata rana suka haɗu a kasuwa, suka kama gardama da Faransanci, ido cikin ido, har da dariya da tafa hannu. Da wani ya zo ya gaishe su suka koma Hausa, nan take kowa ya sunkuyar da kai, mushe ya durƙusa, tsoho ya kau da fuska. Ƙadri ya tsaya da basilla a sama. Da yamma ya zo rumfata yana haki.

“Talle, ka ga abin da nig gani? Kunya ba ta jin Turanci. Hausa kaɗai taka ji.”

Na ce masa rana ce ta buge shi, ya je ya sha fura. Bai ma ji ni ba. Ya riga ya gama lissafi: Faransanci ba zai yi masa amfani ba, tunda na Katsina bai san shi ba. Turancin Ingilishi zai koya, kuma ga masu shi suna zuwa har gindin sikelinsa kowace kaka.

Ya kama wani direba, Jatau, Bakatsine mai faɗin baki, ya riƙa ɗinke masa tamfol kyauta, yana aika gida a damo masa fura. Jatau ya fara ba shi abin da yake da shi: kam, go, sidon. Ƙadri ya juya su a baki ya tofar.

“Wagga kowane karen mota ya san ta. Malamin makaranta za ni tara da maganar karen mota? Ka kawo mani mai ƙwaya uku.”

Haka yake auna kalma, kamar gyaɗa. Mai gaɓa ɗaya holoƙo ce, ba ya ko duban ta. Mai gaɓa biyu ta talakawa ce. Shi sai doguwa mai nauyi, wadda in ka faɗe ta sai ka huta. Jatau Turancinsa bai kai nan ba, sai ya riƙa roƙowa wajen wani akawu a Kano, ya riƙo ta a baki tun daga can yana maimaitawa a kan sitiyari, ya kawo ta tare da goro. Ƙadri ba ya karɓa sai ya gwada ta a bakin wani direban ko akawun masu saye, ya tabbatar da ma'anarta da yadda ake faɗinta. Ya ce kowace kalma tana da inda ake ɗora mata nauyi, kamar jaki: in ka ɗora a wuya ta durƙusa, in ka ɗora a ƙugu ta zame.

Sai matsalar ajiya ta taso, don bai iya rubutun boko ba, kuma ya ce ba zai zuba maganar Nasara a kan allo ba. Dabarar da ya yi ita ce ta jawo mana bala'i: kowace kalma sai ya nemi wanda ta dace da shi a gari ya ɗora masa. Dikko mai gishiri, wanda ko kaza ba ta kiwo a ƙofar gidansa don ba abin tsinta, ya zama Fasimoniyas, wato marowaci. Wata tsohuwa mai dakan tallafi da ba a taɓa ganin ta zaune ba ta zama Indifatigabul, wadda ba ta gajiya. Ni aka ba ni Yubikwitas, wai wanda ko'ina ka je sai ka tarar da shi, musamman inda aka sauke tukunya. Ƙarya ce, amma ta bi ni har yau. Da safe in ya fito zuwa sikeli, sai ya bi gari yana gaisuwa, yana duba rumbunsa.

“Fasimoniyas, an kwana lahiya? Indifatigabul, ina gajiya?”

Matarsa Zara'u ya ɗora wa Kantankaras, ya ce mata ma'anarta hasken gida. Ta yi ta jin daɗi har ranar da Jatau ya zo shan fura, ta tambaye shi, shi kuma bai san an yi ƙulli ba ya ce ai mai faɗan tsiya ke nan. Ƙadri ya daɗe yana cin tuwo gaya a gidan nan.

Da Dikko mai gishiri ya rasu, muna zaman makoki, kowa ya yi jugum, na lura Ƙadri ba ya zaune daidai. Sai raba ido yake, ya dubi wannan ya dubi wancan. Na matsa na ce lafiya? Ya ce a hankali, “Allah ya jiƙan shi, amma ya tahi ya bar mani kaya a ƙasa. In ban samu wanda zan aza ma ba, kahin sadakar bakwai ta ɓace.” Ya ƙara duba jama'a, sannan idonsa ya dawo kaina ya tsaya. Tun ran nan kalma biyu nake ɗauke da su, ni kaɗai a duk Korgom.

Wadda ta fi ba shi wahala ita ce ta kasala da mutuwar jiki. Mu muna cewa Lasajik, shi ya ce ba haka ba ne, a tsakiyarta akwai wani harafi da ba sa ba ne ba ta ba ne, sai ka leƙo da harshe tsakanin haƙora ka busa. Ba wanda ya yarda a ɗora masa ita, sai ya ɗora wa jakinsa. Ya riƙa tafiya a hanya yana fito da harshe yana mayarwa, har matan da ke jan ruwa a rijiya suka kai ƙara wajen mai gari wai yana yi musu gwalo. Mai gari ya kira shi, ya yi bayani, ya nuna yadda ake yi. Aka ce da ya fita an ga mai gari shi kaɗai a zaure yana gwadawa.

Kuma kada ka kuskura ka faɗi kalmarsa ba daidai ba. Ya taɓa barin buhu a buɗe ya bi wani Bafillace har bakin gari don ya ce Kantankarasa. Mushe Gado ya zo yana dariya ya ce rabin kalmomin nan na Faransa ne aka sace aka canza musu hula, Ƙadri ya ce to ya kai ƙara wajen ’yan duwan, su ne masu kama kayan sata a iyaka. Haka suka yi ta yi shekara da shekaru.

Ni abin da na gaya masa a matsayina na tela shi ne, yana da yadi ba shi da zare. Na ce ka tara Fasimoniyas da Yubikwitas, to in na Katsina ya zo me za ka ce masa? Marowaci, mai yawon gidaje, mai kasala? Wannan gaisuwa ce ko zagi?

Ya ce, “Shi malami ne. Ni in kawo buhuna, shi ya ɗumke.”

Akwai kalma ɗaya da bai ɗora wa kowa ba, ya ce ba ta da mai ita a Korgom. Magananimas, mai faɗin zuciya, wanda ba ya riƙe mutum a rai. Ita yake faɗi in yana ɗinki shi kaɗai, a hankali, yana danna gaɓar tsakiya. Ban taɓa tambayarsa ta wace ce ba, shi ma bai faɗa ba.

Ana nan sai na lura ya fara zura igiya a basilla da lalube. In mutum ya yi sallama daga nesa, sai ya yi magana ta biyu kafin ya gane shi. Yana ce ta fara rufe masa ido, fari-fari kamar an ɗiga nono. Ban tsokane shi da wannan ba.

A kakar nan Jatau ya zo da saƙo. An mayar da Mamudu aiki Ikko, can bakin teku, ba a san ranar dawowarsa ba. Zai biyo kamiyon Jatau ya zo sallama da iyayensa, ya sauka da hantsi, in an gama lodi ya koma da ita. Kafin azahar labari ya gama gari: za a ji Turancin Ƙadri a gaban mai Turanci. Wasu suna so ya ci, yawanci suna so ya faɗi, musamman waɗanda ke ɗauke da kaya irin nawa.

Ranar, ya ba wani aron basillarsa, abin da bai taɓa yi ba. Ya sa rigar da na ɗinka masa, ya zauna a zaure, ya ajiye ni a gefensa. Jama'a suka cika ƙofa, Mushe Gado ya saki ’yan lakwal da wuri ya zo ya samu wuri a gaba. Mamudu ya fito daga wajen uwarsa, ya tuɓe takalmi, ya durƙusa can kusa da bango, kai a ƙasa. Ƙadri ya juya fuska wajen ƙofa kamar mai duba hadari.

“Talle, ka ce ma baƙo sannu da hanya.”

Na ce baƙo, wai sannu da hanya.

“A ce ina gaisuwa,” in ji Mamudu, yana magana da tabarma.

Na ce wai yana gaisuwa. Haka muka yi ta yi, ina ɗauko magana nan ina ajiyewa can, tsakaninsu bai fi tsawon zani ba. Aka tambayi Jummai, aka tambayi ruwan Katsina, aka ƙare. Na zunguri Ƙadri da gwiwar hannu.

Ya gyara murya, ya buɗe baki, kalmar da ya fi kowace iyawa ta fito a karkace.

“Maga... magananamusu.”

Wannan ta farko ba da gangan ba ce, na rantse, tsoro ne ya kama masa harshe. Wani ya yi tari a bakin ƙofa. Shi kuwa Mamudu, mutumin da ya yi shekaru yana gyara bakin yara daga safe zuwa azahar, kafin ya san abin da yake yi kansa ya ɗago, ya faɗi kalmar daidai, da ƙarfi, irin yadda ake faɗa wa ’yan aji. Sannan ya tuna inda yake, ya yi tsuru-tsuru. Ɗan fari ya gyara wa ubansa magana a gaban jama'a. Tsofaffi suka fara gyara zama.

Sai Ƙadri ya sake faɗi, wannan karon ya fi na farko muni.

“Manga-nanimisi.”

Mamudu ya sake faɗa, a hankali. Ƙadri ya sake ɓatawa. A na gaba Mamudu ya ce, da Hausa, murya ƙasa-ƙasa, “Sai an dubi bakina. Ba ta koyuwa in ba a duba ba.”

Ƙadri ya juyo. Ya ce haske bai isa ba, ya ja jiki ya matsa. Ya ce har yanzu bai ga inda harshen ke zuwa ba, ya ƙara matsawa, har gwiwarsu ta kusa haɗuwa. Ya tsura wa fuskar nan ido, kuma ba wanda ya iya cewa komai, don karatu ake yi.

Daga nan ya bi rumbunsa kaf. Ya ɗauko Fasimoniyas ya karya mata baya. Ya ɗauko Indifatigabul ya bar rabinta a hanya. Yubikwitas tawa, wadda ya yi shekaru yana kira na da ita ba tuntuɓe, ya mai da ita Yabi-kwatashi. Jama'a suka fara ƙyalƙyala, sannan suka kece gaba ɗaya. Mushe Gado har da riƙe ciki, yana cewa ai dama ya faɗa. Wanda aka taɓa bi har bakin gari don harafi ɗaya ya ce a kira masa ’yan'uwansa su zo su gani. Ƙadri ko a jikinsa. Ya ɓata, a gyara, ya duba baki, ya sake ɓatawa.

Da aka zo kan Lasajik, uba da ɗa suka zauna suna yi wa juna gwalo a tsakar zaure, ɗaya da furfura, ɗaya da taguwar malamai. Zara'u tana leƙe ta bayan zana. Ita ba dariya take yi ba, bakin mayafinta na ga ta kai ido.

Sau ɗaya ya shagala, Kantankaras ta kuɓuce masa daidai, tsaf, kamar daga bakin akawun Kano. Na ga Mamudu ya tsaya. Ya dubi ubansa, sannan ya ce, “Saura kaɗan. A sake.”

Aka kira la'asar, suka yi salla suka dawo suka ɗora. Sai da Jatau ya gaji da danna oda ya zo da kansa ya ce lodi ya ƙare tun ɗazu, ’yan duwan za su rufe hanya. Mamudu ya koma bakin bango ya durƙusa, kai a ƙasa. Ƙadri ya mai da fuska wajen ƙofa.

“Talle, ka ce ma baƙo Allah ya kiyaye hanya.”

Na faɗa. Ya ce amin, ya sa takalmi ya fita.

Tun daga ran nan Turancin Ƙadri ya faɗi a Korgom. Yara suka riƙa binsa suna Yabi-kwatashi, waɗanda ya ɗora wa kalmomi suka samu bakin ramawa. Bai taɓa kare kansa ba, bai kuma sake roƙon Jatau sabuwa ba. Kafin kaka biyu ta zagayo idon ya rufe, ya bar sikeli, ya dawo zama rumfata yana murza mini zare da yi mini gardama. Mamudu yana aiko da saƙo da tufafi daga Ikko, amma bai samu zuwa ba sai da ya zo ta'aziyya.

Na tsallake abu ɗaya. A yammacin ranar nan, da ƙurar kamiyo ta kwanta jama'a suka watse, muka rage mu biyu a zaure. Ni haushi nake ji, don na sha gaya wa mutane taubashina mahaukaci ne amma ya iya abinsa. Na ce ka ba mu kunya, shekara da shekaru kana hana mu sakat, ashe holoƙo ka tara. Na ce faɗi ta farkon nan in ji.

Ya faɗe ta, Magananimas, sumul, nauyi a inda ya dace.

Na juyo na dube shi. Shi kuwa yana ta shafa tabarma a inda yaron ya zauna.

“Talle,” ya ce, “ashe wushirya gare shi. Irin ta innata, gwaggonka, sak, nan gaba, ’yar siririya. Kai kuma ka ce mani jaki.”